Darasi Na 7: Wayar Faiba, Amfaninta da Ɗawainiyarta

Ranar Alhamis, 14 ga Maris, 2024, a makon farko na azumin Ramadan, mutane da yawa a Najeriya da Nijar da Gana suka wayi gari intanet yana jan ƙafa. Mai POS ya danna ya sake dannawa, kuɗi sun ƙi fita. Manhajojin wasu bankuna suka ƙi buɗewa. Kowa ya ɗora laifin a kan ƙarfen sabis ɗin unguwarsu, alhali ɓarnar tana can nesa, a ƙarƙashin teku daura da gaɓar Kwaddibuwa. A can ne manyan wayoyi 4 suka lalace kusan lokaci guda: SAT-3 da MainOne da WACS da ACE. Binciken farko ya nuna motsin ƙasa ne a gindin teku ya jawo haka, kuma sai da jiragen ruwa na gyara suka yi makonni kafin komai ya daidaita.

Dukkan wayoyin nan na faiba ne. Irinsu ne kuke gani ana haƙa wa rami a gefen titi, ana zura su cikin dogon bututun roba. A darasin da ya gabata mun yi magana a kan wayar jan ƙarfe, wadda ke kai saƙo da lantarki. Yau za mu buɗe wadda ke kai saƙo da haske, mu ga abin da ke cikinta, da kayan da ake haɗa ta da su, da inda ta yi fice, da kuma inda take ba da wahala. Tun yanzu zan faɗa muku ra'ayina, don ku riƙa auna shi yayin da muke tafiya: zaren gilashin kansa shi ne mafi araha da rashin rigima a duk harkar. Kuɗi da ciwon kai suna wajen binne shi, da haɗa shi, da ba na'urorinsa wuta, da tsare shi daga katafila.

Abin da ke cikin wayar

Idan aka fere wayar faiba, aka cire baƙar roba ta waje da zaruruwan da ke ƙarfafa ta, abin da zai rage wani siririn zare ne na gilashi, kaurinsa kamar na gashin kai. Ana auna shi da maikuron, wato kashi 1 cikin 1,000 na milimita. Gaba ɗaya faɗinsa maikuron 125 ne. Shi ma kashi biyu ne. Akwai cibiya a tsakiya, inda haske ke bi, sai wani gilashin daban da ya lulluɓe ta. Dukansu daga sinadarin da ke cikin yashi ake yin su, sai dai an ɗan bambanta haɗinsu yadda hasken da ya shiga cibiya ba zai iya kufcewa ta gefe ba. Duk lokacin da ya doki bango a karkace sai ya dawo ciki, haka zai yi ta tafiya har ya kai ƙarshe.

Kuna iya ganin wannan da idonku a gida. Ku cika kofin gilashi da ruwa, ku ɗaga shi sama da fuskarku, ku dubi saman ruwan ta ƙasa a karkace. Za ku ga ya zama kamar madubi. Ko kuma ku huda gorar ruwa ta roba kusa da gindi, ku haska tocila ta ɗaya gefen cikin duhu. Hasken zai bi ruwan da ke zuba, ya lanƙwasa tare da shi. Wani masani ɗan Suwizalan, Daniel Colladon, ya nuna wa mutane wannan tun wajen 1841.

To me ya hana a yi amfani da dabarar tun lokacin? Dattin gilashi. Ku dubi gilashin taga ta bakinsa, za ku ga kore ne, saboda ɓurɓushin ƙarfen da ke cikinsa yana shanye haske. Da irin wannan gilashi, 'yan mitoci kaɗan haske zai yi ya mutu. A 1966 ne Charles Kao da abokin aikinsa George Hockham, a Ingila, suka nuna cewa laifin na dattin ne, kuma idan aka tace gilashi har kashi 1 cikin 100 na hasken ya iya kaiwa kilomita 1, to za a iya sadarwa da shi. A 1970 masana 3 na kamfanin Corning a Amurka, Robert Maurer da Donald Keck da Peter Schultz, suka cimma wannan. An ba Kao kyautar Nobel a 2009. Zaren da ake yi a yau ya wuce wancan nesa ba kusa ba: haske yakan yi kimanin kilomita 15 kafin rabinsa ya ɓace.

Yadda ake aika saƙon kuwa mai sauƙin fahimta ne. Wata 'yar ƙaramar fitilar leza tana kunnawa tana kashewa, sau biliyoyi a cikin daƙiƙa ɗaya. Kunnawa 1, kashewa 0. A ɗaya bakin akwai idon na'ura da ke karanta ƙyaftawar, ya mayar da ita lantarki, kwamfuta ta mayar da ita murya ko hoto ko rubutu.

Zaren iri biyu ne, kuma duk mai saye ya kamata ya san bambancinsu. Akwai mai ƙuntatacciyar cibiya, wajen maikuron 9, wanda haske ke bi ta hanya ɗaya tak. A kasuwa za ku ga an rubuta masa SM, kuma na cikin ɗaki rigarsa ruwan ɗorawa ce. Shi ne na tafiya mai nisa. Sai mai faɗin cibiya, maikuron 50 ko 62.5, wanda ake rubuta wa MM, rigarsa ruwan lemo ko shuɗi mai haske. A cikinsa haske yana rarrabuwa hanyoyi da yawa, wani ya riga wani isowa, don haka idan tafiya ta yi nisa saƙon yakan cakuɗe. 'Yan ɗaruruwan mitoci ne iyakarsa. Ba a haɗa SM da MM a layi ɗaya.

Daga teku zuwa ɗakinku

Hanya mafi sauƙi ta sanin kayan haɗin ita ce mu bi saƙo ɗaya daga inda ya fito.

Wayoyin teku na Najeriya galibinsu a Legas suke sauka. SAT-3 ta fara aiki a 2002. A 2010 aka samu MainOne, wadda ta taso daga Fotugal, tsawonta kimanin kilomita 7,000, da kuma Glo-1 daga Ingila. WACS ta biyo baya a 2012, Equiano ta kamfanin Google ta iso a 2022. A cikin teku, bayan kowane 'yan gomman kilomitoci, akwai na'urar da ke ƙara wa hasken ƙarfi don kada ya dusashe. Nijar ba ta da teku, saboda haka nata intanet ɗin sai ya ratso ta ƙasashen maƙwabta irin su Benin da Najeriya. Shi ya sa ɓarnar da aka yi a gaɓar Kwaddibuwa ta kai har Yamai.

Daga tashar bakin teku, manyan wayoyi suke ɗaukar saƙon zuwa cikin ƙasa, wasu a binne a gefen titi, wasu a rataye a kan manyan turakun lantarki. Su ne ke kai shi ga ƙarfen sabis. Mutane da yawa suna zaton wayar hannu da iska kawai take aiki. Iskar gajeriya ce, daga hannunku zuwa ƙarfen da ke kusa. Daga can yawancin tafiyar a cikin gilashi ake yin ta.

Idan kuwa har gida ko ofis za a kawo faibar, ga abin da za ku tarar. A ofishin kamfani akwai babbar na'ura da ake kira OLT, ita ce uwar layukan unguwa. Zare ɗaya ya fito daga cikinta ya nufi unguwa, har nisan kilomita 20. A can, cikin wani akwati a jikin turke ko a rami, akwai maraba, wato ɗan guntun gilashi da ke raba hasken gida 8 ko 16 ko 32, wani lokaci har 64. Abin sha'awa game da marabar nan shi ne ba ta cin wuta ko kaɗan. Daga nan siririyar waya ta shigo gidanku ta shiga wata 'yar na'ura mai suna ONT, wadda ke mayar da haske lantarki. Sau da yawa ita ce kuma rauta, ita ke watsa Wi-Fi. A jikinta akwai ƙananan fitilu. Wadda aka rubuta wa PON idan ta tsaya kore, layi lafiya. Wadda aka rubuta wa LOS idan ta kama ja, haske ba ya isowa, wato waya ta katse ko ta lanƙwashe a wani wuri. Wannan ɗan ilimin kaɗai zai hana ku ɓata yini kuna kashe na'ura kuna kunnawa.

Ku lura da abin da raba hasken nan yake nufi. A tsarin da aka fi amfani da shi, zaren yana sauke kimanin gigabit 2.5 a daƙiƙa, amma duk gidajen da ke kan marabar ne suke rabawa. Idan da dare kowa ya hau kallon bidiyo, gudu yakan ragu. Kafin ku biya kuɗi ku tambayi kamfani ko layin naku ne ku kaɗai ko na tarayya ne, domin farashinsu ba ɗaya ba ne.

A ofisoshi da makarantu akwai wasu kayan. Suwic shi ne akwatin da kwamfutoci da yawa ke haɗuwa a jikinsa. Idan yana da ramin faiba, ana cusa masa wani ɗan ƙarfe kamar yatsa mai suna SFP, wanda leza da idon karatu ke cikinsa. A jikin kowanne an rubuta nisan da yake iya kaiwa, kilomita 10 ko 40 ko 80. Idan suwic ɗin ba shi da ramin, sai a sayi ɗan akwatin juyi, faiba ta shiga ta nan, wayar jan ƙarfe ta fita ta can. Kawunan da ake soka wa na'ura su ma iri-iri ne, an fi ganin SC mai kusurwa huɗu da LC ƙaraminsa. Mai launin kore an goge bakinsa a karkace, mai shuɗi a miƙe. Kada ku taɓa haɗa kore da shuɗi baki da baki; haske zai zube, kuma kuna iya lalata dukansu.

Inda ta yi fice

Nisa ne na farko. Wayar jan ƙarfe ta kwamfuta ba ta wuce mita 100. Daga nan sai an sa wani suwic, shi ma sai an kai masa wuta. Faibar SM kuwa tana yin kilomitoci masu yawa ba tare da komai a tsakani ba.

Na biyu yawan kayan da take ɗauka. Wayar faiba ta farko da ta ratsa tekun Atlantika, TAT-8, a 1988, tana ɗaukar kiran tarho 40,000 a lokaci guda, kuma a wancan zamanin abin mamaki ne. Yau zare ɗaya ya ninka wannan sau dubbai, saboda an gano yadda za a zuba haske kala-kala a cikinsa, kowace kala da nata saƙon, ba mai taɓa wani. Wannan yana da wata fa'ida da ba kowa ke lura da ita ba. Idan buƙata ta ƙaru, ba sai an sake haƙa rami ba. Na'urorin da ke baki biyu kawai za a canja, zaren da aka binne shekaru 20 da suka wuce ya ci gaba da aiki da sabon gudu.

Akwai kuma saurin amsawa. Haske a cikin gilashi yana yin kimanin kilomita 200,000 a daƙiƙa. Tsakanin Legas da Kano wajen kilomita 1,000 ne, ke nan tafiyar kashi 5 cikin 1,000 na daƙiƙa. Tsohon tsarin tauraron ɗan'adam, wanda ke can sama da nisan kilomita 36,000, hawa da sauka kaɗai yana cin kusan rubu'in daƙiƙa. Shi ne jinkirin da kuke gani a talabijin, ɗan jarida ya yi shiru bayan an yi masa tambaya.

Amma a ganina, ga mutanen ƙasarmu, babbar fa'idar ita ce gilashi ba ya ɗaukar lantarki. Duk wanda ya taɓa kula da ɗakin kwamfuta ya san abin da farkon damina ke yi. An ja wayar jan ƙarfe daga wannan gini zuwa wancan, hadari ya taso, tsawa ta faɗi ko da a nesa ne, da safe a tarar suwic biyu sun ƙone, har da kwamfutocin da ke jikinsu. Ba sai aradu ta sauka a kan wayar ba. Girgizar lantarkin da take haddasawa a kewaye ta isa. Faiba ba ta kai wannan wutar ko'ina. Haka kuma janareto da injin walda da manyan wayoyin lantarki ba sa dagula mata saƙo, ba ta tsatsa, ba ta tartsatsi, shi ya sa ake son ta a masana'antu da wuraren mai. Sharaɗi ɗaya ne: wasu wayoyin faiba na waje suna da sulken ƙarfe don kariya daga ɓera da gafiya, kuma wannan sulken dole a haɗa shi da ƙasa, in ba haka ba shi zai kawo tsawar.

Satar sauraro ma ta fi wuya a kanta, tunda ba ta fitar da wata alama a waje. Ba a ce ba ta yiwuwa ba. Gwani yana iya lanƙwasa zaren ya tsotsi ɗan haske, don haka bankuna suke kulle saƙonsu ko a kan faiba.

Inda take ba da wahala

Mu fara da rami, domin nan kuɗin suke. A aikin binne faiba, kuɗin haƙa da bututu da leburori da izinin hukuma sun fi kuɗin wayar kanta. Izinin nan shi ake kira haƙƙin hanya, kuma mita-mita ake biyansa. Majalisar Tattalin Arziki ta Ƙasa ta amince da naira 145 a kan kowace mita, amma jihohi da dama sun daɗe suna karɓar dubbai. Ekiti, misali, naira 4,500 take karɓa kafin ta sauko zuwa 145 a 2020. A shekarar ce kuma Kaduna ta yafe kuɗin baki ɗaya. Ku yi lissafi: kilomita 100 a kan naira 145 ya kama naira miliyan 14.5, a kan naira 4,500 kuwa naira miliyan 450, tun ba a sari ƙasa da diga ba. Kamfani ɗan kasuwa ne. Zai kai waya inda gidaje suka cunkushe kuma akwai masu biya, ya bar ƙauyen da sai an yi kilomita 40 kafin a samu kwastoma 10. Wannan ne ya sa wayoyin teku suke cike da ƙarfi a Legas, amma yaron da ke karatu a ƙauyen Arewa sai ya hau tudu yake samun sabis. Abin yana damuna, domin ba ƙarancin fasaha ba ne. A 2024 gwamnatin tarayya ta amince da shirin shimfiɗa ƙarin kilomita 90,000. Abin da ya kamata mu sa wa ido shi ne ko zai kai ƙananan hukumomin da aka bari a baya.

Bayan an binne, sai tsaro. Babban abokin gabar faiba a ƙasarmu katafila ce. Ana aikin titi ko kwalbati ko magudanar ruwa, ba wanda ya tambayi abin da ke ƙarƙashi, haƙori ɗaya ya tsinke layin da gari guda ya dogara da shi. Ga masu haƙa tushen gini, ga zaizayar damina da ke tono bututu, ga gobarar daji ga wadda aka rataye. Ga kuma ɓarayi. Gilashin ba shi da kasuwa wajen 'yan gwangwan, ko sisi ba za a saya ba, amma ɓarawo ba ya sani sai ya yanke ya duba, lokacin kuwa aikin gama ya gama. A 2024 an sa kayan sadarwa cikin muhimman kadarorin ƙasa da doka ta ba kariya ta musamman. Doka tana da kyau, sai dai ba ta kai maƙwabcin da zai ga ana haƙa ya ce a dakata ba.

Maganin da injiniyoyi suka sani shi ne zobe: a kai wa gari waya ta hanyoyi biyu daban, idan an yanke ta gabas saƙo ya zagayo ta yamma. A rikicin Maris 2024, kamfanonin da suka iya karkata zuwa Equiano ko Glo-1, waɗanda ba su lalace ba, su suka fara farfaɗowa. Amma a yi hattara. Ofis yana iya biyan kamfanoni biyu yana ganin ya yi rigakafi, alhali wayoyinsu a rami ɗaya suke kwance.

Idan ta tsinke fa? Nan ne bambancinta da jan ƙarfe yake fitowa fili. Wayar lantarki kowane mai gyara yana iya murɗa ta ya naɗe da salatif. Faiba sai an daidaita cibiya mai maikuron 9 da 'yar'uwarta, baki da baki, ba kuskure. Da farko sai an nemo wurin. Ana amfani da wata na'ura mai suna OTDR, wadda aikinta ya yi kama da jefa dutse a rijiya a saurari ƙararsa don sanin zurfi: tana harba haske, ta auna lokacin da ya ɗauka kafin ya dawo, ta ce an yanke a mita kaza. Sai a je a tono. Kowane zare a fere shi, a goge da sifirit, a datse bakinsa da wata wuƙa ta musamman, a sa cikin injin haɗi, wanda zai daidaita su ya narka su da tartsatsin lantarki su zama ɗaya. Babbar waya tana iya ƙunsar zare 24 ko 48 ko 96, kowanne da launinsa, shuɗi da shuɗi, ruwan lemo da ruwan lemo, kore da kore. Kuma galibi sai an ƙara sabon guntu a tsakani, ke nan mai zare 48 haɗi 96 take buƙata, a bakin titi, wani lokaci cikin dare. Injin haɗin da na'urar awon suna da tsada, gwanayen kuma ba su da yawa a wajen manyan birane. Ga matasan da ke cikinku, ko masu 'ya'ya da ke neman sana'a, wannan ƙarancin kansa dama ce. Aiki ne na natsuwa da tsabtar hannu, ba ya buƙatar digiri.

Tsabta ba ƙaramar magana ba ce a nan. Ƙwayar ƙura ɗaya tana iya toshe cibiyar zaren, ga shi kuwa muna da hunturu. Yawancin matsalolin faiba na cikin ofis daga dattin kai suke tasowa. Kada a taɓa bakin da yatsa, kada a hura masa iska da baki, kada a goge da gefen riga. Duk kan da ba a soka ba a mayar masa da hularsa.

Sai lanƙwasa. Zaren yana jure ja fiye da yadda ake zato, amma ba ya son a karya shi kwana. Idan aka matse shi a bayan kabad, ko ƙofa ta danne shi, ko aka ɗaure shi tamau, haske zai riƙa tserewa ta wurin, ko gilashin ya tsage a ciki alhali roba lafiya lau. Ragowar waya a naɗe ta da faɗi, kamar bakin kwano.

Rashin ɗaukar lantarkin da muka yaba ɗazu yana da nasa gefen. Dattawan cikinku za su tuna tarhon girke na zamanin NITEL, wanda ke aiki ko an ɗauke wuta, domin ta cikin wayar ake aiko masa da tasa wutar. Haka a yau wayar jan ƙarfe ɗaya tana iya kai wa kyamarar tsaro saƙo da wuta a tare. Faiba ba ta yin wannan. Duk inda ta ƙare sai an tanadi wuta a wurin. ONT ba ta da ci, wajen wat 10 ne, ƙaramin batir ko sola ya ishe ta, amma dole a sa shi cikin lissafi tun farko.

Gargaɗi biyu na lafiya, kuma ina roƙonku ku riƙe su da kyau. Hasken da ke cikin faiba ido ba ya ganinsa, don haka ido ba zai ƙyafta ya kare kansa ba, kuma yana iya ƙona shi. Kada ku leƙa bakin waya don ganin ko tana aiki, kada ku bar yara su leƙa. Na biyu, guntayen gilashin da ke zuba wajen haɗi sun fi ƙaya siranta, suna shiga fata su ɓace. A tara su a kwalba mai murfi, kuma ba a cin abinci a wurin aikin.

Wacce za a zaɓa?

Mu ɗauki makaranta mai gini biyu, ofishin shugaba da ɗakin kwamfuta, tsakaninsu mita 300 na fili. A cikin ɗakin akwai kwamfutoci 30. Mai kwangila ɗaya ya ce a ja jan ƙarfe ko'ina don araha, wani ya ce a sa faiba har kan kowane tebur don zamani. Ni ba zan bi ko ɗaya ba. Tsakanin ginin biyu faiba ce, babu tantama: nisan ya wuce mita 100, ga kuma tsawa. A binne ta cikin bututu, a sayi mai zare fiye da buƙatar yau tunda bambancin kuɗin kaɗan ne, a zana taswirar inda ta bi a ajiye a ofis, a kafa alama a kan layin. A cikin ɗaki kuwa jan ƙarfe ya fi dacewa. Kwamfutocin da raminsa suka zo, yana jure ja da takawar ɗalibai, gudunsa ya wadatar, kuma idan kai ya lalace malamin kwamfuta zai matsa sabo cikin minti 5.

Aikin yi

1. Ku gwada gwajin gorar ruwa da tocila a gida. Ku bayyana wa ajin abin da kuka gani, da yadda ya shafi zaren faiba.

2. Fitilar LOS ta kama ja a shagon maƙwabcinku. Me za ku duba a cikin shagon kafin a kira kamfani, kuma me za ku hana shi yi?

3. Za a ja waya kilomita 25 daga hedikwatar ƙaramar hukuma zuwa wani asibitin ƙauye. Ku lissafa kuɗin haƙƙin hanya a kan naira 145, sannan a kan naira 4,500 kowace mita.

4. Ku zagaya unguwarku ku nemo alamun inda aka binne faiba ko aka rataye ta. Idan gobe aka fara haƙa magudanar ruwa a wurin, wa za ku sanar, kuma ta wace hanya?